Kwana Uku a Bakin Kanal: Daren da Dannau Ya Ziyarce Mu

Mu goma sha takwas ne muka tashi daga Kano da safiyar wata Talata a watan Janairu, dukkanmu 'yan ƙungiyar matasa manoma ta makarantarmu, tare da malaminmu na Aikin Gona da na Bayoloji. Niyyarmu mu yi kwana uku a yankin noman rani na Kura da Bunkure, mu ga yadda ruwa ke tafiya daga madatsa har gindin tumatir, mu dawo mu rubuta rahoto. Rahoton mun rubuta, yana hannun Malam. Abin da za ku karanta yanzu bai shiga rahoton ba. Wanda abin ya faru a kansa shi ya ba mu izinin bayar da labarin, bisa sharaɗin ba za mu faɗi sunansa ba. Shi ne ƙarami a cikinmu, ɗan aji huɗu, don haka za mu kira shi Auta, kamar yadda muka riƙa kiransa a hanya.

Inda rani ba ya isa

Daga Na'ibawa muka ɗauki titin Zariya. Hazo ya rufe gari, gonakin da ke gefen hanya duk sun bushe, sai tushiyar kara da awaki. Muka tsallake gadar Tamburawa, muka isa Karfi, inda masu masara suka yanyame motarmu. A nan ne ƙasa ta fara sauya launi. Kafin mu kai Kura, tafiyar kilomita 30 da 'yan kai daga birni, ko'ina ya zama kore shar: alkama a nan, albasa a can, fangalolin tumatir har inda ido ya tsaya, a tsakiyar hunturu, wata uku babu ɗigon ruwan sama.

Malamin Aikin Gona ya ce sirrin yana can kudu, a madatsar ruwa ta Tiga, wadda aka kammala a 1974 zamanin Gwamna Audu Bako, aka tare Kogin Kano. Daga can ake sako ruwa ta babban kanal, ya ratsa Ruwan Kanya, ya rabu reshe-reshe zuwa gonakin Kura da Bunkure da Garun Malam. Ba inji ke tura shi ba. Gangare kawai yake bi, domin Tiga ta fi gonakin tudu. An tsara kashin farko na aikin ya shayar da kimanin hekta 22,000, kuma Hukumar Raya Kogunan Haɗejia da Jama'are, wadda aka kafa a 1976, ita ke kula da shi.

A cikin garin Kura muka tarar da injinan casar shinkafa suna ta ruri, mata suna turara shinkafa a manyan tukwane, an shanya wata a kan tamfol. Wani dattijo ya tuna mana cewa tun kafin shinkafa, rini ne ya yi wa Kura suna, domin rawanin nan mai sheƙi da Buzaye ke naɗawa sunansa ɗan Kura.

Bayan azahar muka shiga cikin gonaki, muka iske mai kula da wata ƙofar ruwa, dattijo mai furfura wanda kowa ke ce wa Baba. Ƙofar faifan ƙarfe ce da ake ɗagawa da saukewa ta hanyar murɗa wani ƙarfe a sama. In ya murɗa, ruwa ya kwararo daga kanal zuwa ƙaramar magudana, manoma su sa lanƙwasassun bututun roba su janyo shi cikin gona. In ya sauke, kanal na nan cike yana gudu, amma ko ɗigo ba ya isa fangali. Ya bar kowannenmu ya gwada murɗawa, ya kuma ja mana kunne.

"Samari, kada wanda ya yi wanka a ruwan nan. Yaran garin nan da yawa a nan suke ɗaukar tsargiya."

Masaukinmu wani aji ne a wata firamare ta ƙauye. Daren farko sauro da sanyi suka haɗa kai, ba wanda ya yi barcin kirki. Washegari muka yini a gonakin wajen Bunkure, da yamma kuma muka tafi kasuwar tumatir ta Kwanar Gafan, inda 'yan dako ke loda kwanduna a manyan motoci masu zuwa Legas da sauran garuruwan kudu. Abin kallo ya riƙe mu, muka zauna wurin mai shayi, kowa ya sha kofi biyu ko uku mai kauri. Ba mu kwanta ba sai wajen ƙarfe ɗaya na dare.

Gab da asuba

Wanda ya fara lura shi ne shugaban ƙungiyarmu, da ya tashi zai kama ruwa. Ya ji wani ɗan gurnani siriri, kamar na wanda aka toshe wa baki. Ya haska fitila. Auta na kwance rigingine a kan tabarma, idanunsa a buɗe, hawaye na gangarawa zuwa kunnuwansa, amma ko yatsa ba ya motsawa. Ya kira sunansa sau biyu, shiru. Sai ya kama ƙafarsa ya girgiza. Nan take Auta ya zabura ya tashi zaune yana salati da ƙarfi, jikinsa na rawa, rigarsa ta jiƙe da gumi a cikin sanyin nan.

Duk muka farka. Da ya ɗan natsu, ga abin da ya faɗa mana:

"Na farka ina jin numfashinku, ina ganin allo da tagar nan. Na so in juya, na kasa. Sai na ji akwai wani a bakin ƙofa. Ban ga fuskarsa ba, baƙi ne kawai dogo, amma na san ni yake kallo. Ya taho ya hau kan ƙirjina kamar an ɗora mini buhun taki. Na yi ta kiran sunayenku, muryata ba ta fita. Na so in yi addu'a, harshena ya ƙi. Ina ganin hasken fitilarka, ina jin kana kirana, ina cewa a raina, don Allah taɓa ni, don Allah taɓa ni. Na ɗauka mutuwa zan yi ku kuna kwance a gefena ba ku sani ba."

Wani a cikinmu ya ce, "Dannau ne." Wani ya ce ai dama bakin ruwa ba ya rasa mutanen ɓoye. Sai wani ya rage murya ya ce ya lura da yadda tsohuwar nan da ta sayar mana da ƙosai jiya ta ƙura wa Auta ido. Kafin minti biyu, mutum uku sun tuna irin kallon da ta yi. Tsohuwar da ta ƙara mana gyara saboda mu baƙi ne.

Malamin Bayoloji, wanda hayaniyarmu ta taso daga ajin da ke kusa, ya tsaya a ƙofa ya ji ƙarshen maganar. Bai ɗaga murya ba.

"Wannan maganar ta tsaya a ɗakin nan. Mu gobe za mu tafi, ita kuwa a garin nan za ta ci gaba da zama. Kalma ɗaya ta fita daga bakinku, kun kashe mata kasuwa, wataƙila ma fiye da haka. Yanzu ina so ku gaya mini gaskiya. Wa ya taɓa farkawa ya kasa motsi kamar yadda Auta ya faɗa?"

Aka yi shiru. Hannu ɗaya ya tashi, sannan wani. Muka ƙirga biyar, ban da Auta. Sai Malam shi ma ya ɗaga nasa. Muna aji ɗaya, wasu ɗakin kwana ɗaya, amma ba wanda ya taɓa faɗa wa ɗan'uwansa.

Darasi a kan ƙofar ruwa

Bayan mun karya, Malam ya ce mu koma wurin Baba. Muka same shi yana cire kacala daga bakin ƙofa. Da ya ji labari sai ya yi murmushi ya dafa kan Auta.

"Ɗana, ni da dannau mun daɗe da sanin juna. Tun ina saurayi yake zuwa mini, musamman lokacin korar jan-baki a gonar shinkafa da lokacin da muke kwana muna jiran ruwa. Yanzu ya fi shekara arba'in. Bai taɓa karya mini ko ƙashi ɗaya ba. Ni dai addu'ata nake yi in kwanta ta gefen dama."

Malam ya roƙi Baba ya sauke ƙofar. Ruwan magudana ya tsaya, na kanal ya ci gaba da gudu.

"Ku dubi nan," in ji Malam. "Barci ba abu ɗaya ba ne daga kwanciya zuwa tashi. Hawa-hawa ne, yana zagayawa kusan duk minti 90, sau huɗu zuwa shida a dare. A cikin kowane zagaye akwai matakin da aka fi yin mafarki, inda ƙwaƙwalwa ke aiki kusan kamar ta mutumin da ke farke, ƙwayar ido na yawo a ƙarƙashin fatar ido. Likitoci na kiransa REM. Wasu masana biyu a Jami'ar Chicago ta Amurka, Eugene Aserinsky da Nathaniel Kleitman, su suka bayyana shi a 1953. To, in kana mafarkin kare ya biyo ka, ƙwaƙwalwarka na ba ƙafafu umarnin gudu. Me ya hana ka tashi ka afka wa bango?"

Ba wanda ya amsa. Malam ya buga ƙarfen ƙofar da tafin hannu.

"Akwai irin wannan a gindin ƙwaƙwalwa, inda ta haɗu da laka. Da an shiga barcin mafarki sai ta sauka. Umarni na ta gudu a sama kamar ruwan kanal, amma ba ya isa tsokar hannu da ƙafa. Wani masani a Faransa, Michel Jouvet, ya gwada a kan kyanwa a shekarun 1960. Da ya lalata wannan wurin a ƙwaƙwalwarsu, sai kyanwoyin suka riƙa tashi cikin barci suna farautar abin da babu. Wato shanyewar jiki a lokacin mafarki kariya ce, kuma kowannenku yana yin ta kowane dare bai sani ba. Dannau shi ne hankalinka ya farka alhali ƙofar ba ta gama ɗagawa ba. Daƙiƙu kaɗan ne, wani lokaci minti ɗaya ko biyu, sannan ta buɗe da kanta."

Auta, wanda bai ce uffan ba tun safe, ya ɗago kai.

"Malam, to nauyin da na ji a ƙirji fa? Wallahi na ji shi. Kuma na ga mutumin."

"Na yarda ka ji, na yarda ka gani," in ji Malam. Ya bayyana cewa a barcin mafarki tsokar da ke tsakanin haƙarƙari ita ma tana hutawa. Wadda ke ci gaba da jan numfashi ita ce faffaɗar tsokar da ta raba ƙirji da ciki, kuma ba ta tsayawa. Numfashin gajere ne, ya ishi mai barci. Amma mutumin da ya farka a firgice so yake ya ja dogon numfashi, sai ƙirji ya ƙi buɗewa, sai ya ji kamar an ɗora masa kaya. Game da baƙon kuwa, ya ce a wannan lokacin mafarki bai gama yankewa ba, ido kuma a buɗe yake, sai hoton mafarki ya hau kan ɗakin gaske. Sashen ƙwaƙwalwa mai lura da haɗari shi ma a kunne yake. Ya ji jiki ya ƙi motsi, sai ya yanke cewa akwai maƙiyi kusa, ya shiga nemansa a inuwar ƙofa ko rigar da aka rataye.

Sannan ya sa muka lissafa da kanmu. Daren Talata, barcin Auta bai kai awa huɗu ba. Daren Laraba ya sha shayi kofi uku, ya kwanta ƙarfe ɗaya, a baƙon wuri, rigingine. Abin kuma ya zo gab da asuba, lokacin da barcin mafarki ya fi tsawo. Malam ya ce a 1992 wasu masana a Japan sun riƙa tashin masu sa-kai daga barci da gangan a ɗakin gwaji, suna barinsu su koma, kuma ta haka kawai wasu daga cikinsu suka samu dannau. Baba ya gyaɗa kai ya ce shi ya sa nasa ba ya zuwa sai lokacin kwanan gona.

Wani ya tambaya ko ke nan Malam na cewa babu aljanu.

"Ban faɗi haka ba, kuma ba fagena ba ne, ku tambayi malaman addini. Ban kuma ce kowa ya bar addu'ar kwanciya ba. Kwanciya ta gefen dama da Baba ya ambata, wadda aka koya mana tun a Islamiyya, ita ce ma shawarar da likita zai ba ka, domin dannau ya fi samun wanda ya kwanta rigingine. Abin da nake cewa shi ne, wannan abin an san yadda yake faruwa a jiki, kuma ba ya buƙatar hannun wata tsohuwa mai ƙosai."

Ba a ƙasar Hausa kaɗai yake ba

A inuwar wani mangwaro Malam ya ci gaba da ba mu labari, muna shan rake. Ya ce kusan kowace al'umma tana da sunan da take kiran abin, kuma sunayen sun yi kama da juna. Mu mun ce dannau, daga danna. Larabawa na cewa jasum ko kabus, duka daga ma'anar hawa kan ƙirji da matsewa. Turkawa na cewa karabasan, wato baƙin da ke dannewa. Mutanen Sin na cewa fatalwa ta danne gado. A Japan sunansa kanashibari, wato ɗauri da ƙarfe. Yarbawa na da ogun oru, yaƙin dare. A tsibirin Newfoundland na Kanada kuwa cewa suke wata tsohuwa ce ke hawa kan mutum. Da muka ji wannan sai muka kalli juna.

Likitocin Musulmi na da can ma sun yi rubutu a kai. Fiye da shekara dubu da suka wuce, wani likita a Bukhara mai suna Akhawaini ya ware babi a kan kabus a littafinsa na koyar da ɗaliban likitanci. Shi a ganinsa tururi ne ke tashi daga ciki zuwa ƙwaƙwalwa. Bayanin nasa bai dace da abin da aka gano yanzu ba, amma ya ɗauki abin a matsayin larurar jiki da likita zai duba.

A 2011 wasu masana biyu a Amurka, Brian Sharpless da Jacques Barber, sun tattara bincike 35 da aka yi a kan mutane fiye da 36,000. Suka samu cewa kimanin kashi 8 cikin 100 na jama'a sun taɓa samun dannau aƙalla sau ɗaya, amma a tsakanin ɗalibai adadin ya kai kashi 28. A nan gida ma, wani bincike da aka wallafa a 1989 a kan ɗaliban likitanci a Ibadan ya samu kimanin mutum ɗaya cikin huɗu. Mu shida cikin goma sha takwas ke nan ba mu yi nisa da lissafin ba. Dalilin bai ɓuya ba: ɗalibi ne ke kwanan zaune saboda jarrabawa, shi ke riƙe waya har tsakar dare, shi ke tashi da asuba. Likitocin barci sun ce mai shekara 13 zuwa 18 yana buƙatar awa 8 zuwa 10. Muka tambayi junanmu, ba a samu mai yin takwas ba.

Abin da Malama ta ce a rubuta

Da la'asar Malam ya kai Auta wani ƙaramin asibiti, wasunmu suka raka su. Ma'aikaciyar lafiyar da muka samu ta duba shi, ta yi masa tambayoyi, ta ce lafiyarsa ƙalau. Ta ce a lokacin kakar tumatir takan ji irin wannan ƙorafi daga 'yan dako da masu gadin gona, amma yawanci sai sun zo da wani ciwon daban suke ambatawa a ƙarshe, cikin jin kunya. Ta sa muka fito da littattafanmu.

Ta ce in abin ya zo, kada ka yi kokawa da dukan jikinka, domin kokawar ke ƙara firgici. Ka tuna wa kanka sunansa, ka ce dannau ne, zai wuce. Ka bar numfashi ya tafi yadda yake tafiya. Ka mai da hankali kan abu ƙarami guda, babban yatsan ƙafa ko na hannu, ka yi ta ƙoƙarin motsa shi, ko ka juya ƙwayar ido. Ka yi addu'arka a zuci tunda harshe ba ya motsi. In ya sake ka, tashi zaune ka ɗan sha ruwa kafin ka koma, ka kwanta ta gefe. In kuma kai ne ka ga ɗan'uwanka a haka, kira sunansa ka taɓa shi a hankali, ba duka ba, ba watsa ruwa ba.

Don rage zuwansa: lokacin kwanciya ya zama guda, a bar shayi mai kauri da kofi da goro da dare, a ajiye waya, a nisanci ƙwayoyin hana barci da wasu ke sha don karatu ko aikin ƙarfi.

Sai ta ɗaga yatsa. Ta ce akwai inda dole a ga likita: in abin na zuwa a kai a kai har mutum na tsoron kwanciya, in barci na kwashe shi da rana ba shiri, a aji ko a kan babur, in jikinsa na saki idan ya yi dariya ko fushi, in yana minshari mai tsanani yana shaƙewa, in damuwa ko wani tashin hankali da ya taɓa gani ne ke hana shi barci. In kuwa mutum na jijjiga, yana cizon harshe, bai san inda yake ba, wannan ba dannau ba ne, yana iya zama farfaɗiya, kuma tana da magani.

"Na ƙarshe ku ja masa layi," in ji ta. "Lokacin sanyi ne. In an kwana da gawayi ko janareta a rufaffen ɗaki, aka tashi da ciwon kai da jiri da kasala, ko aka kasa tashin wani, kada a tsaya cewa dannau ne. A buɗe ƙofa, a fitar da kowa, a garzaya asibiti. Wannan hayaƙin yana kisa."

Maganar da Auta ya riƙe

Daren ƙarshe muka kwanta tun ƙarfe tara. Kafin a kashe fitila Auta ya ce yana da magana. Ya ce wannan ba shi ne karon farko ba. Shekara biyu ke nan abin na zuwar masa, tun yana shirin jarrabawar aji uku. Da ya faɗa a gida, aka kai shi wurin wani mai magani, shi kuma ya ce hannun na cikin gida ne. Bai ambaci suna ba, amma a gidansu mata biyu ne. Tun daga ranar mahaifiyarsa ta hana shi cin abincin abokiyar zamanta, ta hana shi shiga ɗakinta. Matar da ta goye shi yana jariri, wadda yake kira Inna, yau fiye da shekara guda gaisuwa ce kawai ke haɗa su, ita ma a tsaitsaye. Ƙannensa na ɗakin biyu sun daina cin abinci a kwano ɗaya.

"Ni kaina na yarda," in ji shi. "Duk sanda baƙin nan ya tsaya a ƙofa, sai in ga kamar tsayinta ne."

Malam ya daɗe bai ce komai ba. Sannan ya ba mu labarin wani bincike da Baland Jalal da Devon Hinton suka yi, inda suka kwatanta mutanen Masar da na Denmark. A Masar, inda da yawa ke ɗaukar abin a matsayin harin aljani, masu dannau sun fi firgita, kuma ya fi yawan dawo musu. A Denmark, inda aka fi ɗaukarsa larurar barci, tsoron bai kai haka ba. Ya ce tsoro na hana barci, rashin barci na kawo dannau, dannau na ƙara tsoro, haka abin ke zagayawa. Ya ce wa Auta kada ya je gida ya ce wa mahaifiyarsa ta yi kuskure, domin tsoron rasa ɗanta ne ya sa ta yi abin da ta yi. Ya fara da mahaifinsa, ya nuna masa abin da Malama ta sa muka rubuta, in ana so shi Malam zai zo gidan da kansa.

Ranar Juma'a da safe muka biya muka sayi ƙosai wurin tsohuwar nan. Ta sake yi mana gyara, ta ce mu gaida mutanen birni. Ukun da suka tuna kallonta ba su iya haɗa ido da ita ba. A Kwanar Gafan kowa ya sayi ɗan tumatir na tsaraba. Auta ya juye kuɗin aljihunsa ya sayi ƙananan kwanduna biyu, ya riƙe su a cinya har Kano.

Mun tambaye shi bayan mako biyu. Ya ce ya kai wa Inna nata da hannunsa, ta karɓa ta yi ta juya tumatirin tana cewa na Kadawa ne, ba ta ƙara komai ba. Mahaifinsa ya karanta takardar, ya ce Malam ya zo bayan jarrabawa. Mahaifiyarsa ba ta gamsu ba tukuna, amma ba ta hana shi kai kwandon ba. Dannau kuma ya sake zuwa sau ɗaya, daren da ya kwana yana bitar Lissafi. Ya ce baƙin ya tsaya a ƙofa kamar kullum, tsoron ma ya ji shi, amma ya tuna da ƙarfen Baba, ya tattara hankalinsa kan babban yatsan ƙafarsa ta dama yana ƙirgawa a zuci. Yana kai goma sha tara yatsan ya motsa.